Babi na Shida: Layi a Ofishin Dodo

A watan Fabrairun 2020 wani ƙaramin rukunin masu ƙera wasannin kwamfuta a ƙasar Estoniya, Placeholder Gameworks, ya fitar da wasa mai suna Death and Taxes. Mai wasa yana shiga rigar ƙwarangwal ɗin nan da Turawa ke zanawa da lauje a matsayin mai ɗaukar rai, sai dai a nan an ba shi tebur da kujera da alƙalami, an mayar da shi ƙaramin ma'aikacin ofis. Kowace safiya za a ajiye masa takardun mutane, kowace da hoto da shekaru da sana'a, tare da wasiƙar umarni daga maigidansa mai suna Fate, wadda ke faɗin mutum nawa ake so su tafi yau da irin waɗanda ba za a taɓa ba. Da yamma a kira shi gaban oga a duba aikinsa, a biya shi ladan yini ko a yi masa faɗa. Haka zai yi ta yi har kwana 28. Kafin wannan, a 2017, an yi wani mai suna Peace, Death!, inda matattu ke shigowa ɗaya bayan ɗaya, ma'aikaci yana tura kowa ƙofar da ta dace da shi, agogo kuma yana gudu. Ba manyan kamfanoni ne suka yi waɗannan wasanni ba. Mutane ƙalilan ne, da ɗan jari kaɗan, kuma suka sami kasuwa a duniya. Abin da nake son kafawa a wannan babi shi ne cewa irin wannan wasa ya fi dacewa da unguwa kamar Gwallaga a cikin garin Bauchi fiye da yadda ya dace da Turai, kuma matasanmu ne ya kamata su ƙera namu, da sharaɗin su san abin da za su ɗauka da abin da za su bari.

Sai an fara gane yadda wasan yake tafiya. Wanda ya yi suna a wannan fanni shi ne Diner Dash na 2004, labarin wata mata mai suna Flo da ta ajiye aikin ofis ta buɗe gidan abinci. Masu cin abinci suna shigowa, kai kuma ka zaunar da su, ka ɗauki oda, ka kai kicin, ka kawo abinci, ka karɓi kuɗi, ka kwashe kwanuka. Kowane baƙo yana da ma'aunin haƙuri da ke raguwa in an bar shi yana jira, in ya ƙare ya tashi ya tafi da kuɗinsa. Babu bindiga, babu tsere, babu ƙwallo. Duk daɗin wasan yana cikin tambaya ɗaya: aiki biyar ne a gabanka, hannunka biyu, wanne za ka fara? A 2013 wani mutum ɗaya, Lucas Pope, ya ɗauki wannan tsari ya kai shi ofishin shige da fice na wata ƙasa da ya ƙirƙira, Arstotzka, a wasan Papers, Please. Ana biyanka gwargwadon yawan mutanen da ka duba takardunsu, ana cin tararka in ka yi kuskure, da dare kuma ka raba ɗan abin da ka samu tsakanin kuɗin haya da abinci da maganin ɗanka. Wasan ya sayu miliyoyi.

Wanda ya taɓa tsayawa a teburin mai shayi a Gwallaga bayan an idar da sallar asuba ya riga ya ga wannan wasa da idonsa. Butar shayi tana tafasa a gefe, kasko yana kan risho, gwangwanayen madara da Bournvita an jera su kamar katanga, mutum shida ko bakwai sun cika benci. Wannan yana son ƙwai biyu da albasa da attarugu, wancan Indomie ba ruwa, na ƙarshe shayi baƙi da rabin burodi, ga yaro ya zo da kofin roba daga gida an aiko shi. Mai shayin yana sheƙa shayi daga kofi zuwa kofi da hannu ɗaya a sama, idonsa yana kan kaskon kada ƙwan ya ƙone, kunnensa yana wajen ɗan Keke Napep da ya ce sauri yake, a zuciyarsa kuma yana riƙe da lissafin wanda ya biya da wanda ya ce a rubuta. Ya san wanda zai iya jira domin hira ya zo yi, ya san wanda in ya ƙara minti biyu zai tashi ya koma teburin gaba. Wannan ilmi ne na gaske, kuma shi ne ilmin mai POS, da mai tuwo-tuwo, da ma'aikaciyar jinya a ɗakin karɓar marasa lafiya, da uwar gida mai girki da goyo da ɗinki a rana ɗaya. Yaron da ya tashi a nan ba ya bukatar a yi masa bayanin dokokin Diner Dash.

To me ya kawo matattu da dodanni cikin lamarin? Amsar ita ce sun zo ne su ba mai ƙira damar faɗin gaskiya a kan aiki ba tare da ya nuna wani da yatsa ba. In ka yi wasa a kan ma'aikatar gwamnati ta gaske, da sunanta da tambarinta, inda fayil ke ɓacewa sai an ba da na goro, ka sayi rigima, kuma mai wasa zai shagala da tambayar wane darakta ake nufi. In kuwa ka ce ofishin na wata duniya ce, ogan kuma dodo ne, kowa zai yi dariya, kowa kuma zai gane ofishin da ya bari jiya. Akwai ƙarin fa'ida. Haɗa abu mai ban tsoro da abu mai gundura yana fito da rashin kan gadon tsarin fili. Halitta mai iya haɗiye gari ta tsaya tana neman sa hannun akawu, wannan hoto ya fi dogon sharhi bayyana yadda takarda take rinjayar ƙarfi da gaskiya da hankali a ofisoshin zamani. Masu yin Grim Fandango sun gane haka tun 1998, da suka mayar da gwarzonsu dillalin tikitin tafiya a ma'aikatar matattu, yana fama da abokin aiki mai ƙwace masa ciniki.

Wannan dabara kuwa Bahaushe ya daɗe da ita. Tatsuniya cike take da fadar Zaki, inda Dila ke malanta, Kura ke kawo ƙara da haɗama, Gizo ke shiga ya fita da wayo, kuma duk mai sauraro ya san sarakuna da alƙalai da fadawa ake zanawa. Frank Edgar ya tara ɗaruruwan irinsu a juzu'i uku tsakanin 1911 da 1913, Ibrahim Yaro Yahaya kuma ya shirya wasu domin makarantu a farkon shekarun 1970. A watan azumi yara suna fita tashe suna kwaikwayon tsoho da boka da maigida da matarsa, ana dariya ana ba su hatsi ko kuɗi. Bayan kaka samarin ƙauye suna yin kalankuwa, su naɗa masu muƙamai na wasa a tsakaninsu. A Damagaram akwai wasan kara, inda ake kwaikwayon hukumomi da kayan aikin da aka ƙera da karan dawa. Da talabijin ya zo, marigayi Usman Baba Pategi ya ɗauki barikin soja, wato wurin aiki mai oga da na ƙasa, ya yi Samanja da shi, mutanen Arewa suka yi shekaru suna kallo. Abin da ya rage kawai shi ne a miƙa wa mai kallo ragamar, ya zama shi ne ke zaune a bayan teburin.

Akwai shaida mafi ban mamaki a tarihi, kuma ina kawo ta ne a matsayin tarihi. Masu bori sun siffanta duniyar iskokinsu a matsayin birni mai suna Jangare, mai gidaje da sarauta da muƙamai. Fremont Besmer, wanda ya yi bincike a Kano ya wallafa littafinsa a 1983, ya lissafa gidaje goma sha biyu, da Sarkin Aljan Sulemanu a sama, da irin su Ɗan Galadima da Sarkin Rafi da Malam Alhaji kowa da matsayinsa. Wato ko da mutane suka zo yin tunanin abin da ba a gani, tsarin fada suka ɗora masa. Da mulkin mallaka ya kafu, sai sababbin iskoki suka bayyana a yankin Filinge na Nijar wajen 1925, waɗanda Zabarmawa ke kira Hauka, Hausawan can kuma Babule. Su waɗannan gwamna ne da kwamanda da soja da likita, suna fareti suna ba da umarni da tsawa. Hukumar Faransa ta ɗauki abin da zafi har ta kama mutane ta tsare su, daga baya kuma jami'in da ya yi kamun ya shiga jerin iskokin da sunan Kwamanda Mugu. Jean Rouch ya ɗauki fim ɗin mabiyansu a Akara, ya fito a 1955. Talakan da ba shi da jarida ba shi da majalisa ya zana ofishin Bature a jikin halittun ɓoye, shekaru sama da casa'in kafin wani a Estoniya ya zaunar da ƙwarangwal a bayan tebur.

A nan ne mai karatu na Gwallaga zai ɗaga hannu, kuma yana da gaskiya. Unguwa ce da aka santa da babban masallacin Juma'a da karatuttukan malamai, a garin da Malam Yakubu, almajirin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, ya kafa. Zai ce mutuwa ba abin wasa ba ce, Mala'ikan Mutuwa yana cikin Alƙur'ani, imani da mala'iku da ranar lahira suna cikin rukunan imani, kuma Suratut Tauba ta yi kashedi mai tsanani ga masu izgili da al'amuran addini suna cewa wasa suke yi. Zai ƙara da cewa tura mutane Aljanna ko Wuta da ɗan yatsa, kamar yadda ake yi a Peace, Death!, shiga hurumin Allah ne ko da a allon waya. Bori kuwa malaman jihadi sun yaƙe shi, Nana Asma'u ta kafa 'Yan Taru domin mata su sami ilmi a madadinsa, ƙungiyar Izala da aka kafa a Jos a 1978 ta ci gaba da wa'azi a kansa, malaman ɗariƙu ma ba su halatta shi ba. Ban ga abin musu a cikin wannan duka ba. Baturen da ya zana ƙwarangwal da lauje yana wasa ne da wata alama ta al'adarsa da ta daɗe da rabuwa da aƙida a wajen mafi yawan Turawa. Musulmin Bauchi in ya kwafo wannan hoto ya sa masa sunan Mala'ika, ya taɓa abin da yake rantsuwa da shi. Wanda ya fassara Death and Taxes zuwa Hausa kai tsaye ya yi kuskure a addini, ya kuma yi kuskure a sana'a, domin babu uban da zai bar wasan a wayar ɗansa.

Sai dai wannan ƙorafi yana kan rigar da aka sa wa wasan ne, bai taɓa ƙashin bayansa ba. Layi da agogo da oga da ɗan albashi ba su da alaƙa da lahira. Abin da ake bukata shi ne halittun da kowa ya yarda ƙirƙira ce, kuma tatsuniya ta tanade su. Ita tatsuniya tana buɗewa da sanarwar da ke nuna an shiga duniyar ƙarya, tana rufewa da ɗora wa Gizo alhakin ƙaryar, don haka ba wanda ya taɓa rikita Dodon tatsuniya da wani abu na imani. Gizo da Ƙoƙi da Botorami da Dodo da Kura da Dila duk mallakar kowa ne, kakanni mata masu sallah da azumi ne suka riƙa ba da labarinsu a tsakar gida. Aljanu suna tsakiya, kuma a ganina a bar su. Alƙur'ani ya tabbatar da samuwarsu, akwai sura guda da sunansu, a cikin gari kuma akwai gidajen da ake fama da rashin lafiyar da ake danganta musu, ana ruƙiyya ana kuka. Gaskiya ne Abubakar Imam a Ruwan Bagaja da Bello Kagara a Ganɗoki sun kai gwarazansu ƙasar aljanu tun 1934, finafinan barkwanci na Kano ma sun sha yin wasa da su, amma littafi ana karanta shi a ajiye, wasa kuwa ana maimaita shi sau ɗari da hannun yaro. Mai ƙira ba ya asarar komai in ya tsaya a dawan tatsuniya, domin dawan yana da faɗi.

A ɗauka an yi shi. Kai ne sabon akawu a ofishin tantancewa na Sarkin Dawa, shugaban sashenku Dodo ne, mai kai bakwai, kuma kowane kai yana ba da umarni dabam. An buɗe taga ƙarfe takwas. Kunkuru ya zo karɓar fansho, ya baro gida tun shekaranjiya, takardarsa ta ƙare jiya. Hawainiya ta miƙo katin shaida, hotonta kore ne ita kuma yanzu ja ce, doka ta ce hoto ya yi daidai da mai shi. Kura ta zo da takardar ɗan akuya ta ce shi ya aiko ta ta karɓar masa. Gizo ya shiga layi sau uku da hula uku. A saman kowannensu haƙuri yana raguwa, wuta ta ɗauke, sai ka tashi ka tayar da janareta, ka dawo ka tarar kai na huɗu na Dodo ya soke abin da kai na biyu ya ce. Da yamma a ba ka wuri goma, ka biya haya, ka sayi hatsi, ka ga saura nawa. Wanda ya yi layin BVN bayan 2014, ko layin NIN a ƙarshen 2020 lokacin da aka ce za a rufe layukan waya, ko ya kwana a bakin banki a farkon 2023 bayan an sauya fasalin naira, ba zai nemi fassara ba. Haka ma'aikacin jihar Bauchi da ya sha zuwa tantancewa da fayil a hammata domin gwamnati tana farautar ma'aikatan bogi.

Wani zai ce wannan ai mayar da wahalar mutane abin dariya ne, tsohon da ya faɗi a layin fansho ba Kunkuru ba ne. Wannan ƙorafin ya fi na farko nauyi a wajena, domin barkwancinmu ya sha faɗawa wannan rami, a yi ta dariyar gurgu da bagidaje da mai in'ina. Amsar tana cikin inda aka zaunar da mai wasa. A fim kana kallon layi daga waje. A wasa kai ne a bayan taga, kuma dokokin wasan suna matsa maka ka zama irin ma'aikacin da kake zagi. In ka tsaya ka saurari Kunkuru, mutum biyar sun fusata, ladanka ya ragu. In ka karɓi ɗan abin da Kura ta turo a ƙarƙashin takarda, yau za a ci nama a gidanka, gobe uwar ɗan akuya za ta zo tagar tana nemansa. Waɗanda suka buga Papers, Please sun sha faɗin cewa sun kama kansu suna korar mai gaskiya domin su tsira da kuɗin magani. Matashin da ya ɗanɗani wannan a waya ya fahimci cewa cin hanci yana da tsarin da ke haifar da shi, ya kuma ga cewa duk da tsarin, hannun mutum ne ke buga hatimi. Dariyar tana kan Dodo mai kai bakwai da dokokinsa, tausayin yana wajen masu layi, kuma aikin mai ƙira ne ya tabbata bai juya su ba.

Batun ɓata lokaci ba sai an daɗe a kansa ba. Shagunan gem sun riga sun cika lungunan Bauchi, yara suna biyan kuɗi suna buga ƙwallon Turai a PlayStation, wayoyi kuma cike suke da Candy Crush da wasannin harbi. Ba a tsakanin wasa da karatu ake zaɓi ba a yau, an riga an wuce nan. Wasan da ake gama zagayensa cikin minti uku, wanda ba caca a ciki, ba tsiraici, ba jini, ya fi abin da ke hannunsu yanzu, kuma mai ƙira na gida yana iya yin abin da na waje ba zai tuna ba, ya sa ofishin Dodo ya rufe taga idan lokacin sallah ya yi.

Saura tambayar ko zai yiwu. A Legas kamfanin Maliyo Games, wanda Hugo Obi ya kafa a 2012, ya yi wa Disney wasan girki na Iwájú: Rising Chef a 2024, kuma irin wannan tsari ne na oda da agogo, da abincin Nijeriya a ciki. A Yawunde ta Kamaru, Kiro'o Games na Olivier Madiba, bayan Aurion na 2016, ya yi wasan barkwanci a kan rayuwar ma'aikacin gwamnati a wata ƙasar Afirka da aka ƙirƙira. Kayan aikin ma sun sauko. Manhajar Godot kyauta ce, tana tafiya a kan tsohuwar kwamfuta. Rajistar mai ƙira a Google Play dala 25 ce sau ɗaya, sa wasa a Steam dala 100. Wasan layi ba ya bukatar zane mai nauyi, hotuna ne shimfiɗaɗɗu da lissafi mai kyau. Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Gwallameji suna yaye masu ilmin kwamfuta duk shekara, garin kuma ba ya rasa masu zane da masu ɗaukar murya. Wahalar gaske tana wajen kuɗin shiga. Mutanenmu ba su saba sayen manhaja ba, abin da ya shiga waya ɗaya da safe ya zaga unguwa ta Xender kafin la'asar, kuma satar fasaha ce ta durƙusar da kasuwar faifan Kannywood. Wanda zai shiga wannan sana'a ya shiga da sanin cewa wasan farko suna zai jawo masa, abinci kuwa sai ta talla a cikin wasan, ko ɗaukar nauyi daga wani kamfani ko ƙungiya, ko sayar da fassararsa ga 'yan waje masu neman abin da ba su taɓa gani ba.

Saboda haka dole a ƙera shi daidai da wayar da ke aljihun ɗan Gwallaga: ƙarami, mai aiki ba tare da data ba, wanda ba ya shanye caji. Kuma ya yi magana da baki. Yawancin wasannin da na ambata rubutu ne a kan rubutu, alhali da yawa daga cikin masu shayi da 'yan Keke da matan gida da za su fi kowa jin daɗin wannan wasa sun fi sakewa da saƙon murya fiye da karatun boko. Kunkuru ya yi gaisuwarsa mai tsawo yana cinye maka daƙiƙoƙi, ka rasa yadda za ka katse dattijo. Gizo ya yi tsamin bakin da aka san shi da shi. Kawunan Dodo su rabu, wannan da Sakkwatanci, wancan da Kananci, wani da Hausar barikin soja, wani da Bausanci irin na cikin ganuwa, ta yadda mai wasa zai gane wanda ke ba da umarni tun kafin ya ɗaga ido daga takardar da ke gabansa.